Naushad Ali (1919–2006): Makaɗin da Ya Gina Kiɗan Fim a Kan Harshe

Gabatarwa

Tun daga shekarun 1950, lokacin da ƴan kasuwa Kwarori suka fara shigo da fina-finan Indiya gidajen silima na Arewacin Nijeriya, har zuwa yau da ake kallon fassararsu cikin wayar hannu a Agye da Gazawa da Gidan Rumji, kunnen Bahaushe bai rabu da kiɗan Indiya ba. Masu kallo sun san sunayen taurari, wasu ma sun san na mawaƙa, amma kaɗan ne suka san mutumin da ya zauna ya ƙago karin waƙar, ya zaɓi muryar da za ta rera ta, ya kuma tsara kiɗan da ke rakiyar labari daga farkonsa zuwa ƙarshensa. Naushad Ali na cikin manyan masu wannan sana'a, kuma shi ne ya tsara kiɗan Mother India, fim ɗin da ya yi shekaru da dama yana cika gidajen silima a Kano. Rayuwarsa ta cancanci nazarin ɗalibin kimiyyar harshe, domin mutum ne da ya ɗauki harshe a matsayin tubalin kiɗa. Kafin ya taɓa kayan kiɗa yakan duba wanda zai yi magana a cikin waƙar, da matsayinsa, da irin karin harshen da ya dace da bakinsa.

Asali da ƙuruciya

An haifi Naushad a ƙarshen watan Disamba na shekarar 1919 a birnin Laknau da ke arewacin Indiya. Laknau ita ce tsohuwar fadar sarakunan ƙasar Awad, waɗanda suka yi suna wajen riƙon mawaƙa da makaɗa har zuwa 1856 da Turawan Ingila suka tuɓe na ƙarshensu, Wajid Ali Shah. Sarauta ta tafi, amma birnin ya ci gaba da zama cibiyar harshen Urdu, inda ake auna darajar mutum da ladabin zancensa da tsabtar furucinsa. A cikin kasuwanni da ƙauyukan da ke kewaye da shi kuwa, talakawa na magana da karin harshen Awadi. Yaron ya tashi da waɗannan harsuna biyu a kunnensa, na fada da na karkara.

Mahaifinsa, Wahid Ali, akawun kotu ne, mai riƙo da addini, wanda ba ya ganin kiɗa a matsayin sana'ar ɗan mutunci. Naushad kuwa tun yana ƙarami yake halartar taron shekara-shekara na Dewa Sharif, kusa da Barabanki, inda masu bege ke rera waƙoƙin Sufaye. Ya yi aiki a shagon gyaran harmoniya, wato akwatin kiɗa mai zuga-zugi da ake dannawa da yatsu, ya kuma ɗauki karatun kiɗa a wurin malamai irin su Ustaz Gurbat Ali da Ustaz Yusuf Ali da Ustaz Babban Sahib.

Makarantarsa ta uku ita ce gidan silima. A wancan zamani fina-finai ba su da murya, saboda haka masu gidajen kan ɗauki ƙungiyar makaɗa ta zauna a gaban allo, ta kalli fim ɗin tukuna, sannan ta shirya kiɗan da ya dace da kowace fitowa: na tsoro, na baƙin ciki, na tseren dawaki. A nan ne Naushad ya koyi yadda ake auna kiɗa da motsin hoto, tun kafin fim mai magana na farko a Indiya, Alam Ara, ya fito a 1931. Da abin ya yi nisa, mahaifinsa ya ba shi zaɓi tsakanin gida da kiɗa. A ƙarshen 1937, yana da kimanin shekara 18, ya bar Laknau ya nufi Bombai.

Shekarun neman sa'a

Bombai ba ta karɓe shi da hannu biyu ba. Ya yi kwanaki yana kwana a gefen titi a unguwar Dadar, daura da gidan silima na Broadway. Daga baya ya sami aikin yaron makaɗi a hannun Ustaz Jhande Khan a kan rupi 40 a wata, ya kuma kaɗa fiyano a ƙungiyar Mushtaq Hussain, kafin ya zama mataimakin Khemchand Prakash a kamfanin Ranjit. Har ƙarshen rayuwarsa Khemchand yake kira malaminsa. Marubucin waƙoƙi D. N. Madhok, wanda ya ga hazaƙarsa tun da wuri, shi ne ya riƙa gabatar da shi ga masu shirya fim.

Fim na farko da ya tsara wa kiɗa da sunansa shi ne Prem Nagar na 1940. Labarin ya faru ne a yankin Kach na yammacin Indiya, kuma Naushad ya tsaya ya nazarci waƙoƙin gargajiya na mutanen yankin kafin ya fara aiki. Wannan ɗabi'a ta binciken asalin mutanen da ke cikin labari ita ce ta zama alamar aikinsa. A 1942 ya yi Sharda tare da A. R. Kardar, inda ya ba wata yarinya ƴar shekara 13 mai suna Suraiya damar rera waƙa. A 1944 kuma ya yi Rattan, wanda ya ɗauko karinsa daga waƙoƙin karkara na ƙasarsu. Faya-fayen garmaho na fim ɗin sun yi kasuwa ƙwarai, ladan Naushad kuma ya kai rupi 25,000 a kan kowane fim.

Duk da wannan ɗaukaka, sana'ar ba ta wanku a idon danginsa ba. Shi da kansa ya sha ba da labarin cewa lokacin da aka nema masa aure, an shaida wa surukansa cewa tela ne a Bombai, domin ba za su ba makaɗi ƴarsu ba. Ranar biki kuwa, makaɗan da aka ɗauko suka riƙa kaɗa waƙoƙin Rattan, manya suna tir da wanda ya ƙirƙiro su, ango na zaune bai ce uffan ba. Wanda ya san matsayin makaɗa da maroƙa a ƙasar Hausa, inda ake sha'awar waƙar amma a yi ɗari-ɗari da haɗa zuri'a da mai ita, ba zai ga baƙon abu a nan ba.

Abokan aiki da rabuwar ƙasa

A tsarin fim na Indiya mutum uku ne ke haifar da waƙa: marubuci, da mai tsara kiɗa, da mawaƙin bayan fage wanda tauraro ke motsa baki a kan muryarsa. Naushad ya yi dace da abokan aiki. Ya fara aiki da Muhammad Rafi a Pehle Aap na 1944. A Shahjehan na 1946 ya haɗa tsohon gwani K. L. Saigal da sabon marubuci Majrooh Sultanpuri, a wannan shekarar kuma ya yi Anmol Ghadi da Noor Jehan ƙarƙashin darakta Mehboob Khan. A 1947, cikin fim ɗin Dard, ya gabatar da sha'irin Urdu Shakeel Badayuni, wanda ya zama abokin aikinsa na fiye da shekara 20.

A wannan shekara ta 1947 aka raba ƙasar gida biyu, Indiya da Pakistan. Noor Jehan da wasu Musulmi masu fasaha suka ƙaura, Naushad ya zauna. Rabuwar ta shafi harshe kai tsaye. Hindi da Urdu nahawunsu ɗaya ne, kuma a bakin talaka kusan magana ɗaya ce. Bambancinsu yana cikin rubutu da manyan kalmomi, domin Urdu na amfani da baƙaƙen Larabci tana aron kalmomi daga Farisanci da Larabci, Hindi kuwa na da rubutun Dewanagari tana ɗebowa daga Sanskirit. Pakistan ta ɗauki Urdu harshen ƙasa, tsarin mulkin Indiya na 1950 kuma ya ɗauki Hindi harshen hukuma. Urdu ta fara ja da baya a makarantun arewacin Indiya, waƙar fim ta zama ɗaya daga cikin wuraren da ta ci gaba da shiga kowane gida. Mawaƙa ma sun san da haka: Lata Mangeshkar, wadda harshen gidansu Marati ne, sai da ta ɗauki malamin Urdu don gyara furucinta. Ta rera waƙoƙin Andaz na 1949 a hannun Naushad.

Fina-finai uku, harsuna uku

Babu inda hikimarsa ta fi bayyana kamar a fina-finai uku da ya yi cikin shekara goma, kowanne da irin harshensa.

Na farko shi ne Baiju Bawra na 1952, wanda Vijay Bhatt ya ba da umarni, labarin wani mawaƙi da ya ƙalubalanci Tansen, sarkin mawaƙan fadar Akbar. A wannan shekarar ce B. V. Keskar ya zama ministan yaɗa labarai, ya kuma taƙaita waƙoƙin fim a gidan rediyon ƙasa saboda yana ganin suna gurɓata al'ada, har masu sauraro suka koma kama tashar Silon. Naushad ya gina waƙoƙin fim ɗin a kan raga. Raga tsari ne na tsohon kiɗan Indiya: zaɓaɓɓun sautuka masu ƙa'idar hawa da sauka, kowane tsari da yanayin zuciyar da yake tayarwa da lokacin da ake rera shi. Ya yi amfani da Malkauns, mai sautuka biyar, da Darbari, ya kuma jawo manyan malaman kiɗa, Ustaz Amir Khan da D. V. Paluskar, suka rera waƙar gasar da ke ƙarshen fim ɗin. Akwai waƙar addu'a a cikinsa wadda jarumin, mabiyin addinin Hindu, yake rerawa. Shakeel ya rubuta ta da Hindi mai cike da kalmomin Sanskirit, ya kauce wa kalmomin Farisanci da ya saba da su, Naushad ya sa mata kari, Rafi ya rera, dukkansu Musulmi, shekara biyar kacal bayan zubar da jinin rabuwar ƙasa. Da aka fara ba da lambar yabo ta Filmfare a 1954, Naushad ne ya karɓi ta mai tsara kiɗa saboda wannan fim.

Na biyu shi ne Mughal-e-Azam na K. Asif, wanda ya fito a 1960, labarin yarima Salim ɗan sarki Akbar da baiwa Anarkali. A nan harshen fada ake buƙata, saboda haka zantuka da mafi yawan waƙoƙin sun zo da Urdu mai nauyin Farisanci. Domin muryar Tansen, an shawo kan Ustaz Bade Ghulam Ali Khan, wanda ba ya waƙar fim, aka biya shi rupi 25,000 a kan kowace waƙa. A wata waƙa Naushad ya tara ƴan amshi kusan 100. Amma da aka zo bikin haihuwar Krishna a ɓangaren sarauniya, wadda Bahindiya ce, sai waƙar ta koma salon tumri da karin harshen gargajiya na waƙoƙin Krishna. Ko a cikin fada ɗaya bai sa kowa ya yi waƙa da harshe ɗaya ba.

Na uku shi ne Gunga Jumna na 1961, wanda Dilip Kumar ya shirya, labarin ɗan ƙauye da zaluncin mai gona ya mayar ɗan fashi, ƙanensa kuma ya zama ɗan sanda. An yi yawancin fim ɗin da karin harshen Awadi, abin da ba a saba gani ba a manyan fina-finan Bombai. Dilip Kumar haifaffen Feshawar ne, Vyjayanthimala Batamila ce daga kudu, Rafi mutumin Panjab ne, Lata kuma Bamaratiya, duk sai da suka lanƙwasa harshensu zuwa maganar ƙauyukan da ke kewaye da garin haihuwar Naushad. Kiɗan ma ya sauko daga fada ya koma ganga da sarewa.

Mother India da manomin Hausa

Tsakanin waɗannan fina-finai ne Mother India ya fito, a 1957. Mehboob Khan, wanda Naushad ya riga ya yi wa Aan a 1952 da ƙungiyar makaɗa 100, shi ne ya ba da umarni, Nargis kuma ta fito a matsayin Radha. An ranto rupi 500 domin bikin aurenta a hannun Sukhilala mai ba da bashi da ruwa, daga nan kashi uku cikin huɗu na amfanin gonar ya riƙa tafiya gidansa. Mijinta ya rasa hannuwansa a gona ya bar gida, ambaliya ta cinye amfanin, ta reni ƴaƴanta ita kaɗai, daga ƙarshe ta harbe ɗanta Birju da hannunta don kare mutuncin ƴar wanda ya zalunce ta. Shi ne fim ɗin Indiya na farko da ya shiga jerin masu takarar lambar Oska ta fina-finan harsunan waje, a 1958.

Naushad ya cika fim ɗin da waƙoƙin aikin gona da na girbi da na rakiyar amarya, masu jagora da ƴan amshi, ya haɗa su da gogunan Turawa masu yawa a wuraren tashin hankali. Manomin da ya san jinginar gona da bashin damina da ake biya da kaka, kamar yadda aka san su a karkarar Maraɗi da Katsina, ba ya buƙatar tafinta kafin ya gane labarin. Masanin ɗan Adam Brian Larkin, wanda ya yi bincike a Kano a shekarun 1990, ya nuna cewa har a lokacin fim ɗin na jan ƴan kallo waɗanda suka haddace waƙoƙinsa ba tare da sun ji harshen ba.

Ƙarshen rayuwa

Bayan Mere Mehboob na 1963 da Ram Aur Shyam na 1967, kasuwa ta fara juya wa salonsa baya, matasa suka karkata ga kiɗa mai sauri irin na Turai. Naushad mutum ne mai jinkiri a aiki, wanda kan yi watanni a kan waƙoƙin fim ɗaya, shi ya sa fina-finansa ba su kai 100 ba cikin shekara 65. Shakeel ya rasu a 1970, Rafi a 1980. Da tsohon mataimakinsa Ghulam Muhammad ya rasu a 1968 bai ga fitowar Pakeezah ba, Naushad ne ya kammala kiɗan rakiyar fim ɗin, wanda ya fito a 1972. An ba shi lambar Dadasaheb Phalke, mafi girma a harkar fim ta Indiya, ta shekarar 1981, da lambar Padma Bhushan a 1992. A 1988 ya tsara kiɗan Dhwani, fim da harshen Malayalam na kudancin ƙasar. Shi kansa sha'iri ne, ya kuma wallafa diwanin waƙoƙinsa na Urdu mai suna Aathwan Sur. Ya ga sake fitowar Mughal-e-Azam da launi a 2004, ya yi fim ɗinsa na ƙarshe, Taj Mahal, a 2005. Ya rasu a Mumbai ranar 5 ga Mayu, 2006, yana da shekara 86.

Karin Indiya a bakin Bahaushe

Ana yawan danganta ƙaunar Hausawa ga fina-finan Indiya da kamannin al'ada: kunya, da auren dole, da biyayya ga iyaye. Aikin Naushad da takwarorinsa ya nuna cewa harshe ma na da nasa rabo, ta fuska uku.

Fuska ta farko ita ce kalmomi. Urdu da Hausa sun sha daga rijiya ɗaya, wato Larabci. Kalmomin da suka ba Hausa duniya, da zamani, da addu'a, da niyya, da kabari, da aljanna, duk suna cikin Urdu da siffa mai kama da wadda Bahaushe ya sani, kuma irinsu ne ke yawo cikin waƙoƙin soyayya da na kukan zuci. Mai sauraro a Maraɗi kan tsinci kalma ɗaya ko biyu a cikin baiti, su ishe shi gane inda waƙar ta dosa.

Fuska ta biyu ita ce aruli. Ma'aunin waƙar Urdu ya samo asali ne daga tsarin da Halilu ɗan Ahmad na Basra ya shimfiɗa a ƙarni na 8, ya biyo ta Farisanci. Rubutacciyar waƙar Hausa ma daga wannan tsari ta ɗauki karuruwanta, kamar yadda M. K. M. Galadanci ya bayyana a 1975. Harsunan biyu suna bambanta gaɓa mai nauyi da marar nauyi, saboda haka karin da aka yanka wa baitin Urdu yakan karɓi baitin Hausa ba tare da wahala mai yawa ba. Wannan na cikin abubuwan da suka sauƙaƙa wa ƙungiyoyin bandiri na Kano, irin su Ushaƙu Indiya, mayar da karin waƙoƙin fim zuwa begen Annabi, da kuma masu fiyano na Kannywood da suka biyo baya, waɗanda Abdalla Uba Adamu ya yi nazarin aronsu.

Fuska ta uku ita ce inda harsunan suka rabu. Hausa harshe ne mai karin sauti, Hindi da Urdu kuwa ba haka suke ba. Kuka na hawaye da kuka itaciya, ko wuya na jiki da wuya ta wahala, hawa da saukar murya ne kawai ke raba su. Makaɗin gargajiya ya san haka, shi ya sa kalangu ke iya kwaikwayon magana. Idan aka ɗauko karin da aka gina don kalmomin Urdu aka ɗora masa kalmomin Hausa, muryar waƙa na iya hawa inda kalma ke son sauka, sai mai sauraro ya dogara da muhallin zance kafin ya gane ma'ana. Yadda mawaƙan bandiri da na fim ke warware wannan rikici, ko ta sauya kalma, ko ta lanƙwasa karin, fage ne mai faɗi ga ɗalibin da ke neman batun kundin digiri, kuma kayan aikinsa suna nan cikin wayoyin jama'a.

Kammalawa

Naushad ya fito daga gidan da aka ɗauki kiɗa abin kunya, ya rayu har hukumar ƙasarsa ta karrama shi a kansa, aka kuma raɗa wa wani titi na unguwar Bandra sunansa bayan rasuwarsa. Ya ba ɗan sarki Urdu, ya ba mai ibada Hindi, ya ba manomi Awadi, kowanne da kiɗan da ya dace da shi. Hausa ma na da irin wannan arziki: Kananci, da Katsinanci wanda ake ji har Maraɗi, da Gobiranci na Tsibiri da Gidan Rumji, da Damagaranci, da Sakkwatanci. Yawancin waƙoƙin fina-finan Hausa da kari ɗaya ake rera su, ko da kuwa labarin na mutumin Gobir ne ko na Damagaram. Mai tsara kiɗan da ya so ya yi koyi da Naushad zai fara ne da sauraren yadda mutanen labarinsa ke magana.